Hadarin da na kora

Ko zan manta da komai na aikin fim, ba zan taɓa mantawa da ranar da na nuna wa dangin mahaifiyata fim ɗina na farko ba. Har yau in na tuna sai abinci ya fita raina.

Ƙauyensu yana can arewa da Cadakori, inda rairayi ke cin gonaki kuma mota ba ta shiga, sai amalanken jaki. A daminar da ruwa ya ɗauke bayan shuka na tafi can da kamara, ni da abokina Haruna mai riƙe abin ɗaukar murya. Niyyata in nuna wa duniya yadda fari ke yi wa manomi (da kuma, in faɗi gaskiya, yadda ni na iya aiki). Kawuna Sanda ya sauke mu a zaurensa, yana ci da mu daga ɗan geron da ya rage a rumbu. Gonarsa kuwa duk ta nannaɗe ganye, kuma kowa ya san in ba a samu ruwa a makon ba, shukar ta tafi.

Mun sha wuya. Rana takan gasa kamarar har ta mutu da kanta, sai mun lulluɓe ta da jiƙaƙƙen rawani. Amma hotuna sun yi kyau, irin kyan da ke sa mai kallo hawaye, ni ko har wani daɗi nake ji.

Sai aka fita roƙon ruwa. Gari duka ya hau tudu, maza sun juya rigunansu, tsohon liman yana addu'a muryarsa na rawa. Ana cikin haka hadari ya taso daga gabas, baƙi ƙirin. Mutane suka ƙara ƙarfin amin. Ni kuwa ina bayan kamara ina tunanin busasshiyar rijiyar da ban ɗauka ba tukuna, da gonakin da za su yi kore su ɓata mini labari. Na yi wa Haruna wata 'yar magana, na manta da ita nan take. Iska ta zo ta watsa hadarin, ko ɗigo bai sauka ba. Gero ya mutu a shekarar, 'ya'yan Kawu suka tsallaka Najeriya ci-rani.

Bayan kaka na dawo da fim ɗin, na ci ado kamar ango. Aka taru a ajin lakol, wato makarantar boko, da la'asar, aka toshe tagogi da tabarmi, aka tayar da injin wuta. Da aka gama, Kawu ya ce na yanke addu'ar liman da yawa, ga shi liman ya rasu, iyalansa suna son su ji ta duka. Ni da rawar kai na ce ai ɗanyen ɗaukan yana nan, ba a taɓa shi ba. Na kunna, har da ƙara sauti. Haruna yana ta yi mini alama da ido, na ɗauka yabo ne.

Liman ya ɗaga hannu, hadari ya bayyana, sai ga muryata tangaran, ta danne amin ɗin gari duka: "Kai, Allah ya sa ruwan nan ya dakata sai mun gama, in ba haka ba aikinmu ya lalace."

Kowa a ajin ya juyo yana kallona. Na so ƙasa ta tsage in shige. Kawu bai yi faɗa ba, da ma ya yi da na fi samun sauƙi. Ya ce in mayar da wurin baya. Na mayar, aka sake ji. Sannan ya miƙe, ya kakkaɓe rigarsa.

"Ɗan ƙanwata," in ji shi, "mu duka munka roƙa ran nan. Ashe taka ɗai anka karɓa."

Na san ba bakina ne ya hana ruwa ba, shi ma ya sani. Amma geronsa na ci na yi wannan fatan, kuma babu tacewar da za ta goge shi. Har yau ana gaisawa da ni lafiya lau, sai dai in damina ta kama, Kawu yakan aiko a ce in yi zamana a Maradi sai an yi girbi (ban taɓa samun ƙarfin halin tambaya ko wasa yake yi ba).

Darasin da na koya shi ne, kamara ba ido kaɗai gare ta ba, tana da kunne, kuma bakin mai ita ya fi kusa da shi. Yanzu in ina ɗauka kuma na ga hadari, amin kawai nake cewa, da ƙarfi.