Yadda Ake Cinye Rabin Layi da Bulo, Hukuma Ta Buga Hatimi

Kai da gida ya yi maka kaɗan alhali ga hanya shimfiɗe a ƙofarka tana zaman banza, matso kusa. Dabarar nan ba ta taɓa ba da kunya ba. Mijin yayata, wanda ake kira Sarkin Dabara, ita ya bi a kan idona, yau ga shi da shaguna a inda motoci ke wucewa a da.

1. Fara da dakali

Ba a kai ƙarar dakali. Bari dattawan layi su saba zama a kai, wanda ya sha inuwarka ba ya ba da shaida a kanka. In an kwana biyu ka tada bango saboda awaki, ka yi rufi saboda ruwan sama. Ƙofa kuwa da kanta za ta zo.

2. Kada ka saurari magini

Maginin Sarkin Dabara ya tsaya da cokalin gini a hannu ya ce, "Maigida, nan fa kan kwata muke."

Sarkin Dabara ya ce, "Kwatar ce ta kawo maka ƙara? Ɗora bulo."

3. Girmama jan fenti

Ma'aikatan hukumar tsara gari za su zo su rubuta A RUSHE a bangonka. Ka ba su kujera da ruwan sanyi, ka raka su har mota. Suna shan kwana Sarkin Dabara ya sayo fenti irin nasu, ya ƙara KADA a farko. Ilimi kogi ne.

4. Nemi lauya mai yawan uzuri

Dole a sami wanda ka tsole wa ido. Nasa wani direban haya ne, maƙwabcinsa, da motarsa ta daina shiga layin. Ya koma ajiye ta a bakin titi, ɓarayi suka cire batir.

Ya zo har gida ya ce, "Maƙwabci, ka dubi Allah, da motar nan nake ciyar da iyali."

Amsar da ake bayarwa ita ce, "Ai kotu a buɗe take."

Direba ya shigar da ƙara. A nan ba lauya mai cin shari'a kake buƙata ba, mai sa a ɗage zama kake nema. Lauyan surukina kakarsa ɗaya ce, amma baiwar Allah ta sha rasuwa.

5. Zuba mutane a ciki

Kafin zama na gaba ka ba tela mai 'ya'ya da yawa hayar shago. Ranar kotu su cika benci, lauya ya nuna su yana cewa, "Ya mai shari'a, ina za a kai bayin Allahn nan?" Katafila ma tana jin kunyar jariri.

6. Jira hukuma ta gaji

Tana gajiya. Wata rana za ka ji sanarwa cewa duk mai ginin da ya saɓa ƙa'ida ya zo ya biya tara a halasta masa. Riga kowa zuwa. Haka surukina ya dawo da takarda mai hatimi, alƙali ya kori ƙara, direba ya kwashe iyalinsa ya bar unguwar. Mai gidan da ke kallon na surukina ya ga abu ya yi kyau, shi ma ya fara dakali.

7. Tanadi baro mai kyau

Layin nan yanzu lungu ne. Ranar da mahaifiyar Sarkin Dabara ta zame a banɗaki ta karya ƙugu, motar asibiti a bakin titi ta tsaya. A baron yashi aka turo tsohuwa, ta rufe fuska da mayafi, kowane rami sai ta yi salati. Ɗanta yana biye yana ta sannu. Da suka zo daidai shagunan sai ta yaye mayafin ta dube shi.

"Ɗan nan, ba kai ne mai takarda ba? Je ka nuna wa motar mana ta shigo."

Ni dai na faɗi abin da na gani, ban riƙe wa kowa bulo ba. In kwata ta dawo falonka, ko katafila ta zo ranar da ba ta jin kunya, babu hannuna babu ƙafata. Masu zama a ƙuryar lungu kuma su san da cewa makara ba ta lanƙwasa.