Yadda Daramanci Ya Kai Ni Zauren Wani

Ba zan taɓa mantawa da la'asar ɗin da na jagoranci neman auren ƙanena Nura ba. Amma kafin mu je can, sai na faɗa muku irin mutumin da nake a lokacin.

Ina koyar da lissafi a wata sakandare, kuma a shekarun nan na ƙirƙiro wa kaina wata falsafa. Ni na haife ta, ni na raɗa mata suna: Daramanci. Abin da take cewa shi ne duniya tana nan daram yadda aka halicce ta, babu abin da yake canjawa, ido ne kawai yake yaudarar mutum. Misalin da nake ji da shi na a-daidaita-sahu ne. In kana ciki sai ka ga katangu suna gudu, alhali ko motsi ba su yi ba. To haka tsufa, haka rushewar gini, haka komai. A majalisarmu ta Dala wani abokina ya taɓa cewa in je marinar Ƙofar Mata in ga yadda ake tsamo zane kore-kore, yana shan iska ya koma shuɗi. Na ce masa shuɗin yana ciki tun farko, idonsa ne ya makara. Aka yi shiru. (Na ɗauka nasara na yi. Ashe gajiya suka yi da ni.)

Ana haka maganar auren Nura ta taso. Yarinyar sunanta Zainab, 'yar Alhaji Bashir, ɗaya daga cikin Larabawan cikin gari masu fataucin yadi. Mutum ne mai tsantseni, Nura ya sha jira kafin ya yarda a turo manya. Mahaifinmu ya rasu, babbanmu shi ne ƙaninsa, Baffa Ado, amma kunnen Baffa ya yi nauyi ƙwarai. Sai aka ce ya zauna a matsayin uba, ni in yi magana.

Za mu fita Nura ya biyo ni ƙofar gida.

"Yaya, bari in yi maka kwatancen gidan, saboda yanzu..."

"Kai Nura, gidan Alhaji Bashir za ka kwatanta min? Na sha shayi a zauren nan kana goye."

Ya buɗe baki, na ɗaga masa hannu. Muka ɗauki goro da alawa muka tafi.

A bakin lungu muka sauka muka taka. Darbejiyar da na sani a ƙofar gidan babu ita. Tsohon ƙyauren katako ya zama na ƙarfe, katangar ƙasa ta sha siminti. Baffa ya tsaya yana waige-waige.

"Anya nan ne?"

"Nan ne, Baffa," na faɗa da ƙarfi a kunnensa. "Fenti ne kawai."

Muka yi sallama. Wani magidanci sa'ana ya fito cikin jallabiya. Ban san shi ba, amma ban damu ba, don na san uba bai cika karɓar masu neman aure da kansa ba, ƙaninsa yake wakiltawa. Mutumin ya dube mu, ya dubi goron, ya shimfiɗa mana darduma a zaure, ya leƙa ciki ya karɓo ruwan sanyi. Muka gaisa, muka sake gaisawa. Wayata tana ta rawa a aljihu, na ƙyale ta, don ba tarbiyya ba ce ɗaga waya a irin wannan zama.

Na gyara murya. (Jawabin nan na kwana biyu ina bitarsa a gaban madubi.) Na yabi gidan tun daga kakanni. Ya ce, "To, madalla." Na ce mun zo ne a madadin ɗanmu Nura, neman auren Zainab. Na yabi kunyarta da nutsuwarta. Don in nuna abin ba na wasa ba ne, na ƙara da cewa yaran sun daɗe da fahimtar juna, kusan kullum yana zuwa zance, ita ma ta tabbatar masa ba ta da wani sai shi.

Na ga fuskar mutumin tana canjawa. Wallahi na gani. Amma na riga na koya wa kaina rashin yarda da ido.

"Wace Zainab ɗin?" ya tambaya a hankali.

"Zainab dai ta gidan nan."

"Malam, Zainab ɗaya ce a gidan nan. Ita ta aiko muku da ruwan da kuke sha. Matata ce."

Baffa, da bai ji komai ba, ya ga an yi shiru, ya ɗauka magana ta ƙare. Ya tura goron gaban mutumin yana murmushi.

"Ya ba mu ko? Alhamdulillahi! A yi Fatiha."

Ya ɗaga hannuwa. Ni kuwa na rasa inda zan sa nawa.

Mutumin ya miƙe tsaye. "Wane ne yake zuwa zance gidana kullum?"

A nan na gane abin ya wuce kunyata ni kaɗai, auren wata baiwar Allah na taɓa. Na ambaci sunan Alhaji Bashir. Ya koma ya zauna. Ya ce tun yana saurayi Alhaji ya sayar masa da gidan ya koma Ƙofar Na'isa, kowa a lungun ya sani. Na rantse masa Nura bai taɓa taka lungun ba. Na ciro wayar, ashe Nura ne yake ta kira ɗazu. Na kira shi na sa a sifika, ya faɗi sunan uban yarinyar da unguwarsu da bakinsa, muryarsa kamar zai yi kuka. Sannan mutumin ya sauke numfashi. Bai yi dariya ba. Ya miƙo min goron, ya raka mu ƙofa. Daga cikin gida ne muka jiyo dariyar mata, har da tafi.

Gab da magariba muka isa Ƙofar Na'isa. 'Yan'uwan Alhaji sun gaji da jira, har sun fara sa takalma, shi kansa ya fito fuska a ɗaure. Na shirya in ɗora laifin a kan cunkoson hanya, amma Baffa, da na yi wa bayani a a-daidaita-sahu da iyakar muryata, ya riga ni. Ya ba da labarin tiryan-tiryan, da irin ƙarfin muryar wanda ba ya jin kansa. Babu abin da ya rage.

Alhaji ya dube ni daga hula har takalmi.

"Malam, an ce kai kake koyar da yara?"

"Ni ne, Alhaji."

"Allah ya dafa wa yaran."

'Yan'uwan nasa suka koma suka zauna. An ba Nura Zainab ɗinsa, da sharaɗi guda: ranar ɗaurin aure a samu wani ya shige gaba, ni in biyo baya.

Ban taɓa tsayawa a majalisa na janye falsafata ba, na dai daina ɗauko ta, su ma suka rufa min asiri. Ko duniya tana canjawa ko ba ta canjawa, wannan na bar wa masana. Ni dai yanzu, kafin in buɗe baki a zauren mutum, sai na fara tambayar sunan mai gidan.