Sunan da Tasi'u Ya Yo Oda Daga Farisa

Akwai wani abokina a nan Kano, Tasi'u mai kafet. In ka taɓa ratsa layin masu darduma da labule a kasuwar Kwari ka ga wani dogo siriri, hula a karkace, yana shafa kafet kamar mai lallashin kyanwa, to shi ne. Mutum ne mai kirki, ba ya faɗa, ba ya riƙo. Aibinsa ɗaya ne tak: duk abin da ya sani, sai kowa ya sani. Ka tambaye shi farashin darduma, sai ka ji sunan garin da aka saƙa ta da irin tumakin da aka aske, kai kana tsaye, mai adaidaita yana jiranka a bakin titi.

Bara waccan ya tafi Dubai saro kaya. Yana cikin shagon wani dattijo Bafarishe, wato mutumin Iran, ana ɗaga masa kafet yana dubawa, sai jiri ya ɗebe shi ya zube a kan hajar mutane. Ashe zazzaɓi ne ya taho da shi tun daga gida, yana ta cijewa. Dattijon nan bai san shi ba, bai san ubansa ba, amma ya rufe shago ya kai shi asibiti. Da aka sallame shi kuma ya hana shi komawa masauki, ya wuce da shi gidansa. Matar dattijon ta dinga ɗura masa wani fate mai ganye da taliya har ya miƙe. Ba mai jin yaren wani sosai a cikinsu, sai guntun Larabci da nuni da hannu, amma suka shaƙu kamar ɗa da uba.

Sunan dattijon Dariyush.

Ranar da za su rabu, Tasi'u ya riƙe hannunsa, idonsa ya ciko, ya ce in Allah Ya ba shi ɗa namiji, sunansa zai sa masa. Dattijo ya rungume shi ya sumbace shi a kumatu biyu. Tasi'u ya ce shi wannan ɓangaren ne kawai bai shirya masa ba.

To, sai Allah Ya sauki matarsa Bara'atu lafiya, haihuwar fari, kuma namiji. Ya zo majalisa da yamma yana washe baki, muka yi masa barka. Na ce, "To angon ƙarni, wa za a yi wa takwara?"

Ya gyara hula ya ce, "Dariyush."

Muka dubi juna. Wani a cikinmu ya ce, "Dariyar wa?"

"Ba dariya ba. Dariyush. Sunan Farisanci ne."

Shi ke nan mun jawo wa kanmu. Ya tanƙwashe ƙafa ya shiga ba mu karatu. Ya ce sunan ya girmi kakan kakan duk wanda ke zaune a wurin, daga tsohon harshen Farisa yake, tun kafin zuwan Musulunci ƙasar. Ma'anarsa wanda ya riƙe alheri gam bai sake shi ba. Ya ce sarakunansu na da can sun ci sunan, akwai ma wani babba a cikinsu da ya shimfiɗa doguwar hanya a daularsa, ya zuba 'yan aike a kan dawaki, wannan ya gaji ya miƙa wa wancan. Ya ce su mutanen can har yau suna son sa wa 'ya'yansu sunayen sarakunansu na dauri, don kada a manta da tushe. Har Turawa ma sun ara, sai dai bakinsu ya karkata shi.

Shayinmu ya huce. Mai shayin da kansa ya ce, "Alhaji, ni dai har yanzu dariya nake ji a ciki."

Mu dai namu wasa ne. Inda aikin yake shi ne wurin mahaifiyarsa, Inna Tabawa. Tsohuwa ce 'yar ƙarama, ba ta da yawan magana, amma in ta yi guda ɗaya sai a kwana ana maimaita ta a unguwa. Tasi'u shi ne autanta, kuma tana ji da shi. Ni na raka shi, don ya ce in akwai baƙo ba za ta yi masa kaca-kaca ba.

Muka same ta a tsakar gida tana tsince shinkafa. Muka durƙusa muka gaishe ta. Tasi'u ya yi ta kewaye-kewaye, daga ƙarshe ya faɗi sunan.

Ba ta ɗago ba. Ta ce, "Sake faɗa."

"Dariyush, Inna."

"Na ji dariyar. Wutsiyar ta mece ce?"

"Ba wutsiya ba ce, Inna, haka sunan yake. Ma'anarsa mai riƙe da alheri."

"To ka sa masa Alheri mana, kowa ya huta."

"Ai ba haka ake yi ba."

Ta ture faranti gefe ta dube shi. "Auta, ni ba na cewa sai ka sa sunan marigayi babanku. Yayyenka sun riga sun cinye shi. Yau in na tsaya a nan na ce Abba, yara sai su fito daga kowane ɗaki kamar an watsa wa kaji tsaba. Amma yaron nan makaranta zai je. Malam ya kira Dariya, aji ya kwashe da ita, shi ya dawo gida da kuka. Kai kana shago kana shafa kafet, ni zai samu."

Nan fa jikin Tasi'u ya yi sanyi. Na zaci zai soma kawo sarakuna da dawaki, amma sai ya sunkuyar da kai ya ba ta labarin rashin lafiyarsa, wanda ya ɓoye mata tun dawowarsa don kada hankalinta ya tashi. Ya faɗa mata faɗuwar, da asibitin, da faten, da alkawarin da ya ɗauka.

Inna Tabawa ta ƙura masa ido. Can ta ce, "Shagonsa ya rufe saboda kai?"

"Ya rufe, Inna."

"Bai san ko ɗan waye kai ba?"

"Bai sani ba."

Ta sa gefen mayafi ta goge ido, ta jawo farantinta. "To ai shi ke nan. Mutumin da ya riƙe mini ɗa, ko Tari sunansa, an sa."

Saura liman. Malam Zubairu mutum ne mai sauƙin kai, amma ba ya raɗa sunan da bai san kansa ba. Ya saurari bayani har ƙarshe, wanda wannan kaɗai ma abin a yaba masa ne. Sannan ya ce, "Tasi'u, in Bafarishe kake so, ga Salmanu nan, kowa ya san shi, kowa ya iya faɗa."

"Allah gafarta Malam, ai ba Salmanu ne ya kai ni asibiti ba."

Malam ya murmusa. Ya ce tunda ma'anar mai kyau ce, babu saɓo a ciki, kuma cika alkawari ne, shi ba shi da ta cewa. Sai dai ya roƙi a rubuta masa sunan da ajami, a sa wasali sosai, kada bakinsa ya zame a gaban jama'a.

Abin da ba wanda ya tuna shi ne sanƙira.

Safiyar suna ƙofar gida ta cika. An shimfiɗa kafet, kuma kun san gidan mai kafet ne, sai da wasu suka tsaya suna tunanin ko su cire safa ma. Aka raba goro da dabino. Malam Zubairu ya yi addu'a, ya faɗi sunan daidai, ko gargada babu. Sai ya juya ga sanƙira, wani tsoho da ake kira Na-Goma, wanda muryarsa ke kai wa bayan layi amma kunnensa ba ya kai wa bakin tabarma.

Na-Goma ya kara hannu a kunne. "Me aka ce?"

"Dariyush."

Tsoho ya miƙe, ya buɗe murya: "Jama'a a yi salati! Yaro ya ci suna Dariya! Allah Ya raya Dariya!"

Daga cikin gida aka rangaɗa guɗa. A waje kuwa, dattawa suka shiga duban ƙasa, kafaɗu na rawa. Tasi'u ya yi tsalle ya kama hannun rigar Na-Goma. "Baba, akwai saura! Yush! Dariyush!"

"Akwai me?"

"Yush!"

Na-Goma ya gyaɗa kai kamar ya gane sarai, ya sake ɗaga murya: "An ce a gyara! Dariya, wash!"

Wallahi har liman sai da ya rufe fuska da rawani. Wani dattijo goro ya sarƙe shi, aka shiga bubbuga masa baya. Tasi'u ya tsaya a tsakiyar taro, gumi na bin wuyansa, ya soma bayanin tsohon harshen Farisa, amma ba mai jin sa. Sai da mahauci ya kayar da rago hankalin mutane ya koma can.

Da hantsi Tasi'u ya kira dattijo Dariyush a waya, ta hoto, ya shiga ɗakin mai jego ya nuna masa jaririn. Na leƙa ta bayansa na ga mutumin: farin gashi, gashin baki kamar tsintsiya, yana kuka yana dariya lokaci guda, yana kiran matarsa ta zo ta ga takwara. Bara'atu, wadda tun farko ta ce ita dai ko me za a sa a sa, in dai za a bar ta ta yi barci, ita ma sai da ta share hawaye. A nan na ga abin ya wuce wasa, na ce a raina Tasi'u ya kyauta.

Da a nan ya tsaya, da ya tashi da girmansa. Amma na faɗa muku halinsa.

Bayan la'asar muka shiga yi wa Inna Tabawa Allah Ya raya. Ɗakinta cike da mata, yayyensa da gwaggwanni da maƙwabta. Tana zaune a bakin gado da jaririn a cinya, tana yi masa wasa irin na kaka: "Kai maigidana, daga ina? Daga Farisa ko tsarabar kirki babu?"

Wata gwaggonsu ta ce, "Mu dai Dariya za mu kira shi, haƙoranmu ba su kai ga sauran ba."

Aka yi shewa. Tasi'u, da har yanzu abin Na-Goma ke cin sa, ya gyara tsayuwa a bakin ƙofa.

"Ku yi ta dariyarku," in ji shi. "Amma yaron nan in ya girma aka tambaye shi ma'anar sunansa, yana da abin faɗa. Akwai tarihi, akwai sarauta, akwai alheri. Su mutanen can zama suke yi su yi tunani kafin su raɗa wa ɗa suna. Mu fa? Ku dubi gidan nan. Yaya Rabi'u, na huɗu. Yaya Hamisu, na biyar. Yaya Sadisu, na shida. Ni kuma Tasi'u, na tara. Lamba ce kawai aka manna mini, kamar motar haya a tasha. Don Allah Inna, ke da Baba ba ku iya zama ku nemo mini suna mai ma'ana ba?"

Inna Tabawa ta gyara wa jaririn hula, ta miƙa shi ga ta kusa da ita, sannan ta ɗago ta dubi autanta daga sama har ƙasa.

Ta ce, "Ɗan nan, bayan naƙuda tara, ka gode wa Allah da muka riƙe lissafin daidai."