Ɗumamen Burodin Ummi

Ba zan taɓa mantawa da wata Asabar ba, kuma ba don ban yi ƙoƙarin mantawar ba, mutanen gidana ne suka ƙi bari. Har yau in aka ɗora tukunya ina tsakar gida, sai matata ta ce, "Malam, ɗan matsa can, akwai burodi a kusa." Ni kuwa sai in ƙara wa rediyo murya.

Bari in fara da kaina, don ku san irin mutumin da abin ya faɗa wa. Gyaran babur nake yi a bakin hanyar Mai'adua. A nan Daura na yi firamare, ni ne monita tun daga aji uku har muka fita. Na shiga sakandare, ban yi nisa ba mahaifinmu ya rasu, aka ce in ajiye littafi in ɗauki sifana. Waɗanda nake yi wa lissafi a bayan aji, yau su ke wucewa a mota gilashi a rufe, in sun ga dama su danna mini hon. (Ba hassada nake ba. Lissafi kawai nake, na kuma gaya muku na iya shi.)

'Yata ta biyu sunan mahaifiyata gare ta, don haka Ummi muke ce mata. Ta gama kwalejin ilimi, ta zauna jiran aikin koyarwa har takardar ta fara canza launi a akwati. Da wata ce, da ta kwanta tana latsa waya tana tsaki. Ita ma wayar ta latsa, amma a ciki ta koyo gashin burodi da kek. Ba ta da injin gashi. Babbar tukunyar biki ta uwarta ta ɗauka, ta zuba yashi a gindi, ta ɗora faranti, ta sa garwashi ƙasa da saman murfi. Ni da na ce ɓarnar fulawa ce, ni na fara cinye na farko.

Wata rana na dawo cin abincin rana, na tarar tana murza kwaɓin fulawa tana naɗe shi zobe-zobe, kamar ƙananan gammo. Ta tafasa ruwa, ta riƙa jefa su ciki, su ɗan yi iyo, ta tsame, ta barbaɗa musu riɗi, sannan ta jera a tukunyar yashi.

Na ce, "Ummi, wannan ɗanwake ne ko burodi?"

"Begel sunansa, Baba. Mutanen Amurka ke ci da safe."

"To su duk arzikinsu ba su da fulawar cike tsakiyar?"

Ta yi dariya ta ci gaba da aikinta. Ku dai riƙe wannan: da idona na ga ta jefa su a tafasasshen ruwa.

Wadda ake yi wa wannan wahala ita ce Hajiya Saratu, likita, wadda ta daɗe a Amurka ta dawo gida ta yi gini a bayan gari. Ta ɗanɗani kek ɗin Ummi a wani biki, ta aiko cewa in yarinyar za ta iya wannan burodin mai huda, za ta riƙa karɓa duk mako, ta kuma haɗa ta da ƙawayenta na Katsina da Kano. Ga yarinyar da ke sayar da kek ɗai-ɗai ga 'yan unguwa, wannan ita ce ƙofar da ta daɗe tana jira. Ta yi ta gwadawa yana lalacewa, mu kuma muna cin lalatattun har muƙamuƙina ya fara ƙara. Da ya yi daidai, sai ta gasa na Hajiya tun kafin ranar, ta ƙulle a leda biyu, ta kai firizar maƙwabcinmu Sani mai ƙanƙara, shi da ke da sola. Dalili kuwa, ranar Asabar ɗin da Hajiya ta ce za ta zo bayan la'asar, da safenta akwai sunan 'yar ƙanwar matata a Sandamu.

Abin da ban faɗa muku ba shi ne, Saratun nan a bencin bayana take zama a firamare. Ni na koya mata lissafin sau bakwai.

Ranar, Ummi da uwarta suka fita da sassafe. Da hantsi ina shirin tafiya gareji, sai ga mota ta tsaya a ƙofar gida, gilashi ya sauka.

"Monita, kana nan da ranka?"

"Ina nan, Likita. Mu ai ba mu je ko'ina ba."

Muka gaisa, na shimfiɗa mata tabarma a zaure. Ta ce tafiya ce ta taso mata, dole ta kama hanyar Kano kafin azahar, shi ya sa ta biyo da wuri. "Ina 'yar tamu?" Na ce tana Sandamu. Ta ce, "Kira ta mu ji. In babu dama, sai wani lokaci."

Wani lokaci. Na san wani lokacin masu mota, ba ya zuwa.

Na kira Ummi. Ta ce ga ta nan, yanzu za ta hau babur. "Baba, ka karɓo ledojin a wajen Sani, ka ajiye a inuwa kawai. Kar ka yi musu komai, ina zuwa."

Na maimaita wa Hajiya. Ta gyaɗa kai ta ce, "Gaskiyarta, gara ta zo. Ɗumama shi akwai yadda ake yi."

Wannan maganar ce ta kashe ni. Akwai yadda ake yi. Ni ake gaya wa akwai yadda ake yi, daga bakin wadda ta yi kuka a kan bakwai sau takwas. Na ce, "Likita, na yi zaman gwauro a Mai'adua kafin in yi aure. Ɗumame ba baƙona ba ne." Ta buɗe baki za ta yi magana, na riga na fice. (In za a yi mini adalci, rabin zuciyata tsoro take kar matar nan ta gaji ta tafi. Ɗaya rabin kuwa monita ne.)

Na karɓo ledojin. Abin ya daskare, na ƙwanƙwasa ɗaya a bango ya yi ƙara kamar fistan injin babur. Na tsaya na yi tunani irin na mai hankali. Yaya ake ɗumamen tuwo? Ka tafasa ruwa a tukunya, ka jefa malmala, ka rufe. Kowa ya sani. Yaya kuma na ga Ummi ta yi da waɗannan gammayen? Ta tafasa ruwa ta jefa su. Hujja biyu ke nan, ko a gaban alƙali sun isa.

Na hura gawayi, wuta ta kama jajir, don wannan kam na iya. Ruwa ya tafasa, na juye leda guda. Ɗayar na bar ta a gindin bango saboda tukunyar da na ɗauka ƙarama ce. Na rufe, na wanke hannu, na koma zaure na harɗe, ina ba Hajiya labarin yadda ilimi ya lalace a ƙasar nan.

Ta ce, "Me ka yi musu?"

Na ce, "Ki dai jira."

Da na ga ya isa lokacin da malmala ke ɗaukar zafi har ciki, na koma na ɗaga murfi. Sai da na mayar na sake ɗagawa, ko zan ga wani abu dabam. Sun kumbura sun cika tukunya, hudar tsakiyar ta toshe, fatarsu ta saɓule, riɗi yana yawo a saman ruwa. Na sa ludayi in tsamo ɗaya, ya rabe biyu: waje kamar fate, ciki da sauran sanyi. A nan ya kamata in tsaya. Amma bakanike ba ya yarda inji ya mutu sai ya kwance shi gaba ɗaya. Na tsiyaye ruwan, na ɗauko muciya, wai ko in na juya su a kan wuta za su tsane su dawo hayyacinsu. Juyi uku, babu sauran zobe ko ɗaya. Abu ya haɗe ya zama curi guda, fari, mai yauƙi.

Ina durƙushe, na taka gefen tukunya da ƙafa, gumi na zuba, sai na ji sallama a bayana. Hajiya ce, ta gaji da zama ta shigo.

"Monita, tuwon me kake tuƙawa?"

Ta matso ta leƙa, ta ga riɗin. Da ta yi dariya a fili da ya fi mini sauƙi. Sai ta ja mayafi ta rufe baki, kafaɗunta suna rawa, hawaye na fita. Da ta samu numfashi ta duba agogonta ta ce, "Ba komai. Allah bai yi yau ba ne. Ka gaishe ta."

Kunyar kaina ta gushe nan take, wata ta maye gurbinta. Na tuna yadda yarinyar nan ke ƙona yatsu a murfin tukunya, ga shi ni ubanta na tuƙe mata komai da muciya.

Hajiya ta juya ke nan Ummi ta shigo, da ankon suna a jikinta, tana haki. Ta dubi tukunya, ta dube ni da muciya a hannu, ta dubi ledar da ke gindin bango. Ban ga fuskarta ta motsa ba. Ta durƙusa har ƙasa ta gaida Hajiya, ta ba ta haƙurin jira, ta ce a ba ta gwargwadon shan kofin shayi. Sannan ta juyo gare ni.

"Sannu da aiki, Baba. Wutar nan ta yi kyau, ita nake buƙata."

Ta sauke tukunyata ta kai bayan turmi, ta rufe ta da faifai a hankali, yadda ake rufa wa mutum asiri. Ta raba garwashin biyu, ta ɗora tukunyar yashi a gefe, kasko a gefe. Na leda ta biyu sun ɗan saki a inuwa. Ta tsaga ɗaya da wuƙa ta kifa a kasko. Sauran ta jiƙa hannu da ruwan buta ta shafe kowanne, shafa kawai, ta jera a faranti cikin tukunyar, ta rufe ta zuba garwashi a murfi. Duk wannan da gyalenta a kafaɗa, ko lallenta bai ɓaci ba. Ƙamshi ya tashi har Sani ya leƙo ta katanga.

Ta shafa wa na kaskon man shanu ta miƙa wa Hajiya. Daga inda nake tsaye na ji ƙarar ɓawon da ta ciza. Ta lumshe ido tana taunawa. Ta jira na tukunyar ma suka fito, ta matsa ɗaya da yatsa ya dawo, ta gutsura.

"'Yata, wa ya koya miki?"

"A waya na gani, Hajiya. Sai kuma Baba, shi ya cinye duk waɗanda suka lalace, bai taɓa cewa in daina ba."

(Na ce. Na faɗa ya fi a ƙirga. Amma ban ga dalilin gyara mata magana a gaban baƙuwa ba.)

Hajiya ta ce duk Juma'a a kai mata, sauran kuma a naɗe mata yanzu ta tafi da su Kano ƙawayenta su ɗanɗana. A bakin mota ta ce, "Sharaɗi ɗaya, Ummi. Kar Monita ya ƙara kusantar tukunya."

Bayan ta tafi na tsaya ina jiran faɗa, don na cancanta. Ummi tana kwashe toka ta ce, "Baba, tafasawar nan ta ɗanyen kwaɓi ce, kafin a gasa. Wanda ya riga ya gasu, ɗan danshi kawai yake so da wuta mai ƙarfi." Shi ke nan abin da ta faɗa, har yau ba ta ƙara ba. Uwarta ce da ta dawo ta ɗaga faifai ta ɗauki nauyin sauran bayanin, ita da duk matan unguwa. Tuwon kuwa kaji muka zuba wa, suka zagaya shi suka wuce.

Yanzu ni ke kai burodin duk Juma'a a babur ɗina, na kuma yanka wata tsohuwar ganga na haɗa wa Ummi wurin gashi mai hawa biyu, ta huta da yashi. Mai gadin gidan Hajiya ma Monita yake ce mini, ban san wa ya gaya masa ba, na dai sani.

Na zauna na yi lissafin abin, tunda lissafi ne gadona. Rabin aikin na gani na ɗauka na iya duka, kamar yadda na yi rabin makaranta nake ganin na fi waɗanda suka gama. Don haka duk wanda 'yarsa ta ce ya ajiye abu a inuwa, ya ajiye a inuwar. In da hali, shi ma ya samu wuri a cikinta ya zauna.