Ranar da Na Faɗi a Majalisa

Ku bar ganina da babbar riga da direba, ana Honarabul Ilu, wallahi har gobe ɗan ƙwallo ne a cikin rigar. Shekarun da na yi ina buga wa ƙungiyar jiharmu lamba tara, faɗuwa ce ta yi mini suna, cin ƙwallo kam sai jefi-jefi. Iska ta taɓa ni sai in zube, in yi ta birgima har alƙalin wasa ya tausaya. Da wannan farin jinin aka tura ni majalisar jiha.

To, sai ga ranar wanka. Gwamna ya aiko a tsige shugaban ƙaramar hukumarmu, kuma shugaban nan ba kowa ba ne illa Alhaji Barmo, surukina, uban matata Saude. In ɗaga hannu, gidana ya kama da wuta. In ƙi ɗagawa, tikitin zaɓe mai zuwa sai dai in hango shi a hannun wani. Gaba kura, baya sayaki. Mutanen Gwamna kuwa hannu ɗaya tak ya rage musu, nawa. Da zan fito da safe Saude ko a dawo lafiya ba ta ce mini ba, cewa ta yi, "Ka dai san gidan da za ka kwana."

Ina zaune a majalisa, can na ce a raina, haba Ilu, kai da kake da sana'a? Wanda ba ya zauren ai ba a ƙirga shi.

Kakakin majalisa yana gyara murya za a fara ƙuri'a, na miƙe kamar zan yi magana, na harɗe ƙafa da kujera, na zube rim! Na riƙe ƙwauri, na yi birgima, hula ta yi nata wuri, ina "Wayyo ƙafata! Wayyo Allah!" Kai, ko ina ganiyata ban taɓa faɗuwa mai kyan wannan ba. Masinjoji suka ɗauke ni caɗak suka yi waje da ni, Kakaki ya ce Allah ya sawwaƙe, a ci gaba.

Abin da ya kashe ni, a filin ƙwallo idan aka fitar da kai jinya, kana tsallake layi sai ka miƙe, ka buga ƙafa a ƙasa, ka ɗaga wa alƙali hannu ya ba ka izinin komowa. Jikina ya haddace wannan fiye da karatun allo. Ana dire ni a bakin ƙofa, ban san lokacin da na miƙe ba, na buga ƙafa, na juyo na ɗaga hannu sama ina kallon Kakaki. Shi kuwa daidai nan yake ƙirga masu goyon baya.

Ya ce, "Da Honarabul Ilu na bakin ƙofa. Ƙuduri ya wuce." Ya buga guduma ƙwal!

Da la'asar na ja jiki zuwa gidan Alhaji Barmo, ina ɗingishi ko zai ji tausayi. Na same shi a zaure kan buzu, babu motar ofis a ƙofar gida, babu ɗan sanda. Na tsuguna nesa da shi.

"Baba, ku yi haƙuri. Wallahi domin ku na faɗi."

"Na gani a talabijin," in ji shi. "Ɗazu ƙafar dama ka riƙe. Yanzu ta hagu kake ja."

Na gyara ɗingishin. "Baba, sabo ne. Hannun ne ya tashi da kansa, ban sa shi ba."

Ya ajiye carbinsa, ya ɗago ya dube ni.

"Da zan ba ka Saude, mutane suka ce kada in ba ɗan ƙwallo 'yata, da ƙafa yake tunani. Ashe ƙazafi suka yi maka. Da ƙafar ka bar wa tunanin, da yanzu ina ofis."