Ranar da na kori baƙo daga gidan da ba nawa ba

Ba zan taɓa mantawa da ranar da na kori wani dattijo daga ƙofar gidan ɗansa ba. Da ana iya goge rana ɗaya daga rayuwar mutum, ita zan fara gogewa. Abin da ya fi ba ni haushi ma, ko a wurin ba na nan. Ina Miri, zaune a kan tabarma, ina ɓarar gyaɗa.

Gidana na unguwar Gwallaga a cikin Bauchi ni na gina shi da gumina, da sana'ar sayar da kayan gyaran babur. Darbejiyar da ke ƙofar gidan ma ni na dasa ta. Da ciwon gwiwa ya sa ni gaba, sai babban ɗana Sanusi ya liƙa mini wata ƙararrawa mai kyamara a jikin ƙofa. In mutum ya tsaya a wurin, wayata ta yi ƙara, in gan shi, in ji shi, har in yi masa magana ban tashi ba. Da farko na ce almubazzaranci ne. Kafin a jima na fi kallonta a kan yadda nake kallon matata Hajiya (ita ta faɗa, ba ni ba).

Da yara suka watse, gida ya yi mana girma, sai na sayar muka koma kusa da gonata a Miri. Wanda ya saya sunansa Ishaya, ma'aikacin asibiti ne, mutumin kudancin jihar nan, mai ladabi ƙwarai. Ƙararrawar tana cikin ciniki. Ashe ita na'urar tana da ƙa'idarta, ba ta karɓar sabon maigida sai tsohon ya sake ta daga wayarsa.

Ishaya ya kira ni ya ce, “Baba, don Allah in kun sami lokaci a cire ta daga wayarku. Ta ƙi shiga tawa.”

Na ce, “Ai sai Sanusi ya zo, ni ban san kan abin ba.”

Ƙarya nake yi. Sanusi ya nuna mini wurin da ake dannawa tun kafin mu tashi. Ishaya ya tuna mini har ya gaji, ya ɗauka abin ya mutu, ya ƙyale.

Ni kuwa wayata ba ta fasa ƙara ba. Shi da matarsa suna wurin aiki da rana, don haka duk wanda ya yi sallama a ƙofar ni nake amsawa. Hujjata wai ta addini ce, tunda na ji sallama da kunnena, ai amsawa wajibi ne. Hajiya ta ce, “Alhaji, sallamar nan fa ba taka ba ce.” Na ce ta bar ni, ba ta fi ni sanin hukunci ba (ta fi ni, ita ce ta yi Islamiyya da kyau).

Daga amsa sallama na koma sa ido. Ina kallo aka shafa wa ƙofata shuɗin fenti, shuɗi irin na shagon aski! Ina kallo aka fasa dakalin da muka yi shekaru muna hira a kansa, wai don mota ta sami wurin tsayawa. Kullum sai na yi tsaki har abinci ya fita raina. Ko sau ɗaya ban tambayi kaina ina ruwana ba.

Rannan da hantsi wayar ta yi ƙara. Na duba, sai ga wani tsoho ya sauko daga keke napep, da buhu a kafaɗa, yana jan akuya. Ya waiga nan, ya waiga can, sai kawai ya nufi darbejiyata ya ɗaure akuyar. Ita kuma ta miƙe ta fara gwaguyar ɓawon.

Na danna wurin magana na daka tsawa. “Kai! Kwance dabbar nan! Nan kasuwar awaki ce?”

Tsohon ya zabura yana neman mai magana. Da bai ga kowa ba sai ya cire hula ya fuskanci bango. Ya ce, “Sannu, ranka ya daɗe. Don Allah ba nan ne gidan Ishaya ba?”

Nan ne wurin da nake so a goge. Na ce, “Wane Ishaya? Wannan gidana ne! Ni na gina shi, ni na dasa bishiyar nan. Kwashe kayanka ka yi gaba!”

Sai ya mayar da hularsa, ya kwance akuyar, ya saɓa buhunsa ya tafi. Ni kuma na ci gaba da ɓarar gyaɗa ina jin na yi maganin wani marar tarbiyya.

Kwana biyu bayan haka sai ga Ishaya a Miri. Ya gaishe ni har ƙasa kamar yadda ya saba, amma bai taɓa ruwan da aka kawo masa ba. Ya ce mai shagon da ke kallon gidan ya gaya masa ya ji bango yana faɗa da muryata.

Ya ce, “Baba, mahaifina ne kuka kora. Bai taɓa zuwa gidan ba. Ya gaya wa duk ƙauyenmu ɗansa ya yi gida a Bauchi, ya taho ba sanarwa da akuyar da za a yanka a yi godiya ga Allah. Yanzu ya koma yana cewa na yi masa ƙarya, haya nake yi, mai gidan ma ya kore shi. Ko wayata ba ya karɓa.”

Kun san me na ce? Maimakon in sunkuyar da kai, sai na ce, “To shi ma don me zai ɗaure akuya a jikin bishiya?”

Daga bayan labule Hajiya ta ce, “Bishiyar wa?”

A gaban Ishaya na ciro wayar na danna wurin da na ce ban sani ba. Kafin a sha kofin ruwa an gama, ƙararrawa ta koma wayarsa. Ya ga yadda hannuna ya tafi kai tsaye wurin, sai kawai ya ce ya gode. Da ma zagina ya yi.

Na ce a haɗa ni da tsohon ta waya in ba shi haƙuri. Aka dawo da saƙo cewa ba zai ƙara magana da wanda ba ya ganin fuskarsa ba. Zai dawo Bauchi, amma a ƙofar da aka kore shi, a nan yake so ya ji gaskiya.

Ran Asabar bayan la'asar na sauka a Gwallaga da babbar riga. Ban san wa ya baza labarin ba (na sani, mai shago ne), amma duk tsofaffin maƙwabtana suna waje, kowa wai iska yake sha. Akuyar tana ɗaure a jikin darbejiya, tana cin ɓawonta hankali kwance. Na tsaya a gaban shuɗiyar ƙofar, na danna ƙararrawa kamar kowane baƙo, na yi sallama.

Sai muryar tsohon ta fito daga bango. Ashe Ishaya ya miƙa masa wayar.

“Wane ne?”

“Ni ne, Baba.”

“Gidan wa kake nema?”

Na yi ƙasa da murya na ce, “Gidan Ishaya.”

“Kunnena ya tsufa, ban ji ba.”

Na ɗaga murya har masu alwala a ƙofar masallaci suka juyo. “Gidan Ishaya! Gidansa ne, ya saya, ba nawa ba ne!”

Unguwa ta kwashe da dariya. Aka buɗe ƙofa, tsohon ya fito ya dube ni sama da ƙasa, ya ce, “Au, kai ne bangon? Na zaci ka fi haka girma.” Ya kama hannuna ya ja ni ciki. Ni aka sa na yanka akuyar, tunda su Kirista ne, don in ci naman da su.

Yanzu wayata shiru take yini, kuma ba zan ɓoye ba, wani lokacin har na kan duba ko ta lalace. Ina roƙon duk mai karanta wannan, in ka sayar da gida, ka cire ƙofarsa daga wayarka tun ranar da ka miƙa makulli, kada ka yi irin tawa. Har gobe in na ratsa Gwallaga, Baba Bango yaran unguwar suke kirana.