Darasin Maijidda a Ƙofar Gidan Surukai

Ba zan taɓa mantawa ba da safiyar da aka raɗa wa ɗiyata ta fari suna, ko da yake Allah ya sani na yi iyakar ƙoƙarina in manta. Bari in bi labarin daki-daki, don ni ba na son a faro abu daga tsakiya.

Ana saura shekara guda a ba mu mulkin kai, ina malamin yaƙi da jahilci a Dutsin-Ma. Karatuna bai yi nisa ba, elemantare kawai na gama, amma a wancan zamani wannan ya isa a miƙa wa mutum allo da alli a ce ya koya wa magidanta karatu da rubutu. Ɗalibaina duk sun girme ni, akwai mahauta, da maɗinka, da dillalan shanu. Da la'asar nake tara su a rumfa, in jera su bisa tsawo. Ba a tauna goro a ajina. Kowane darasi sai na kasa shi kashi-kashi, in na gama kuma in nuna mutum da kara in yi masa tambaya, don in tabbatar abin ya shiga. Kuma ban iya jin an faɗi abu ba daidai ba in yi shiru. Jikina har ƙaiƙayi yake yi.

Mai ɗakina 'yar Tamawa ce, ta ƙasar Kurfi, daga gidan Fulanin da suka daɗe da barin yawo amma ba su bar kunya ba. Da cikinta na fari ya tsufa aka zo aka tafi da ita gida goyon ciki, kamar yadda aka saba. Mahaifiyarta, wadda kowa ke kira Inna, tun farko ba ta so aurenmu ba. Cewa take idona a bushe yake, wai ina kallon babba tsakiyar ido in ina magana. To ga shi al'ada ta damƙa mata wuƙa da nama: in an haihu an gama wankan jego, ita ce za ta faɗi ranar da za a mayar mini da matata. Tana iya sakinta da an yi arba'in, tana iya riƙe ta har yaro ya fara rarrafe.

Ni kuwa azumi nake hange, saura 'yan watanni. A garinmu 'yan tashe ba su tambayar ko matarka tafiya ta yi. Duk gidan da hayaƙin girki ba ya tashi, mai gidan gwauro ne, za su zo da ganga da igiya. Wani mahauci a ajina har ya fara kallona yana murmushi. Saboda haka na zauna na tsara abin. Na farko, in mace aka haifa, in yi wa Inna takwara. Na biyu, in kai ragon da ba za a raina ba. Na uku, da an yi arba'in in tura Kawu Sale, ƙanen mahaifiyata, ya roƙo mini ita da ladabi.

Mace aka haifa. Sunan Inna na yanka Hauwa'u (zan rubuta shi, tunda rubutu ba furuci ba ne, ita kuma ta daɗe da rasuwa, Allah ya jiƙanta). A gidan nan ba mai iya buɗe baki ya kira wannan suna, don haka dole a yi wa jaririya laƙabi, kuma laƙabin da aka saba yi wa mai wannan suna shi ne Maijidda. Da yake ba na taɓa abu sai na san tushensa, na hau keke na tafi Karofi wurin wani tsohon Alhaji da ya je Makka a ƙasa ya yi shekaru a can. Ya warware mini asalin laƙabin tas. Na dawo da ilmi cike da ciki, ba wanda ya tambaye ni.

Ana gobe suna, muna hanya, Kawu Sale ya ja mini kunne. Ya ce uban ɗan fari ba shi da baki ranar suna, ba shi da fuska, ko an ce masa barka ma ƙasa yake kallo kamar ba da shi ake ba. Na ce na sani. Ya ce sani daban, yi daban, shi ya san ni tun ina tsumma.

Da gari ya waye maza suka cika ƙofar gida bisa tabarmi, mata suna ciki, dangar kara ce kawai ta raba. Ni aka kai ni can bayan rumbuna, gindin wata tsamiya, aka ajiye ni kamar kayan da ba a son baƙi su gani. Aka haɗa ni da Iro, taubashina, ɗan goggona, wanda tun muna yara ba shi da sana'ar da ta wuce ya tsokane ni. Daga nan na ji an shafa fatiha, na ji maroƙi ya ɗaga murya ya faɗi suna, na ji guɗa ta tashi daga cikin gida har da wata ta musamman, wadda na tabbata ta jin daɗin takwara ce. Na ce a raina na farko ya yi kyau, na biyu ma ga shi can ana feɗewa.

Iro ya tafi karɓo mana goro. Ya daɗe, sannan ya dawo ya zauna yana girgiza kai. Wai gardama ake a ƙofar gida kan laƙabin. Wani ya ce Jidda sunan wata rijiya ce a Makka. Wani ya ce a'a, ɗiyar wani sarkin Masar ce. Wani dillalin shanu ya rantse gari ne bayan Barno, ya san wanda ya sayo raƙuma a can.

"Amma dai an tsaya a kan rijiyar," in ji Iro, yana ɓare goro. "Shi ke nan, ɗiyar malamin yaƙi da jahilci ta zama mai rijiya. Kar ka damu kanka, zauna. Kai ai yau ba ka da baki."

Na zauna. Wallahi na zauna, har na ci rabin goro. Sai na ji kaina a tsaye, da karan dawa a hannu, ban san lokacin da na tsince shi ba.

Na zagayo rumbuna na yi sallama. Aka amsa ƙasa-ƙasa, kowa ya sunkuyar da kai. (Yanzu na san kunyata suke ji a madadina. A lokacin na ɗauka natsuwa ce irin ta ɗalibai, har na yaba musu a zuci.) Na share ƙasa da ƙafa, na ja layi mai lanƙwasa na ce wannan Bahar Maliya ce, na ɗiga nan na ce Jidda, na ɗiga can na ce Makka.

Na ce na farko, Jidda ba rijiya ba ce, kuma ba ta bayan Barno. Gari ne a bakin teku a ƙasar Larabawa, inda jiragen ruwa ke sauke alhazai su kama hanyar Makka. Na biyu, da Larabci ana ce wa kaka mace jadda, kuma da yawa suna cewa daga nan garin ya samo sunansa, ko da yake wasu sun ce daga kalmar gaɓar teku ne (na kawo duka biyun, don a san ni mai adalci ne). Na uku, wace kaka ake nufi? Kakar 'yan Adam duka, matar Annabi Adamu, wadda ake cewa kabarinta yana wannan gari. Shi ya sa duk yarinyar da ta ci sunanta ake mata kirari da Maijidda, wato mai garin Jidda.

Da a nan na tsaya, da an ce yaro ne mai rawar kai, a yafe. Amma ni ba na barin darasi da rami a tsakiya. Na ce sunan wannan kaka tamu, na faɗe shi. Na ce sunan da aka sa wa jaririyar nan, na sake faɗinsa. Na ce kuma shi ne sunan mai gidan nan ta ciki, wadda aka yi wa takwara, na ƙara faɗinsa da ƙarfi, don na baya su ji. Na bayan kuwa sun ji, har da na bayan danga, don surutun mata ya ɗauke ɗif.

Sai kuma sabo ya yi halinsa. An gama darasi, saura tambaya. Na nuna wanda ya fi kusa da ni da kara, wani dattijo da ya kife malafa a fuska.

"Kai, malam. Wa muka ce tana kwance a Jidda?"

Ya ɗago malafar a hankali. Baffa ne, surukina, mijin Inna. Mutumin da tun da ya auro ta ba a taɓa jin sunanta a bakinsa ba, ko a mafarki, sai dai ya ce "ke" ko "mutanen ciki". Ya dubi karan, ya dube ni. Kuma a nan ne na yi abin da har yau in na tuna sai in ji zufa a bayan wuya. Bakina ya yi abin da ya saba yi wa ɗalibi mai nauyin kai, ya fara masa amsar.

"Ha… Hau…"

Wata tsohuwa ta tuntsire da dariya a bayan danga, aka yi maza aka toshe mata baki. Baffa ya miƙe, ya ɗauki takalmansa a hannu, bai ma tsaya sakawa ba, ya nufi garke. Liman ya ɗaga hannu ya yi addu'ar da ban taɓa jin mai sauri irinta ba, aka shafa, jama'a suka watse kamar hadari ya taso. Kawu Sale ya zo ya zare karan daga hannuna yadda ake karɓe wuƙa daga hannun yaro.

"Na farko," in ji shi, "ka kira sunan surukarka a ƙofar gidanta. Na biyu, ka kira sunan ɗiyarka ta fari. Na uku, ka ce surukinka ya kira sunan matarsa. Ai kuwa ka iya jeri."

Iro yana can gindin tsamiya yana birgima. Ko naman ragon ban ɗanɗana ba, na ja kekena na bi ta bayan gari.

Da aka yi arba'in Kawu ya je, don ya riga ya yi alkawari. Inna ta karɓe shi da fura mai sanyi da magana mai sanyi. Ta ce ai ba a gaggawa, gara yarinya ta ɗan zauna inda za ta sha kunya da nono, tunda ta ji labarin a Dutsin-Ma abin ya yi tsada. Azumi ya zo ya same ni ni kaɗai. 'Yan tashe suka zo, mahaucin nan na ajina yana gaba riƙe da igiya, ya durƙusa ya gaishe ni da ladabi kafin ya ɗaura mini ita a ƙugu. Da na je Tamawa gaisuwar salla, mai ɗakina ta yi mini magana ta bayan asabari, tana danne dariya. Ta ce ranar da ta ji muryata ta tashi a waje, zane ta ja ta rufe kanta da jaririyar gaba ɗaya. Ta ce kuma in sani, yanzu a gidan nan ni ma an yi mini laƙabi, Malam Na-Farko, kuma nawa ba ya bukatar a je Karofi neman asalinsa.

Sai da damina ta kankama, gero ya kai gwiwa, Kawu ya ce mu sake gwadawa. Na tuɓe takalma tun daga bakin danga, na tsuguna nesa da ƙofar ɗakin Inna, na kafa ido a ƙasa. Ta fito da yarinyar a kafaɗa, ɗiyar ta yi ɓul-ɓul, har ta fara zama. Aka gaisa da Kawu, aka tambayi ruwa, aka tambayi shanu. Can sai ta juyo wajena.

"Malam, tsufa ya kama ni, mantuwa ta yi mini yawa. Wagga ɗiya, mi ne ne ma sunanta na yanka?"

Ku tuna, ni mutum ne da ban taɓa barin tambaya ta kwana ba amsa ba. Sunan yana kan harshena, da ma'anarsa, da garinsa, da tekunsa. Na ji ƙaiƙayin nan ya taso tun daga tafin ƙafa. Na zuba wa wata tururuwa ido tana jan ƙwayar gero, na bi ta da kallo har ta shige rami.

"Ban sani ba, Inna."

"Malami guda, bai sani ba?"

"Ban sani ba."

Ta gyara wa yarinyar wuya. Sannan ta waiwaya cikin ɗaki ta ɗaga murya kaɗan.

"Ke, tashi ki ɗaure kayanki. Mijinki ya fara karatu."

Maijidda yanzu ita ma kaka ce, kuma tun daga ranar nan sunanta na yanka bai sake fitowa daga bakina ba. Asalin laƙabin dai yana nan yadda na faɗa, ban janye ko kalma guda ba, Jidda gari ne, ba rijiya ba. Sai dai yanzu in aka tambaye ni tushen wani suna, akwai matakin da nake sakawa kafin na farko: in leƙa in ga wa ke bayan danga, in kuma ɗaga malafar wanda ke gabana.